Daren da kududdufina ya ɓalle

Shekara huɗu ke nan ina kiwon kifi a bakin wani rafi da ke gangarawa Dam ɗin Tiga. Tarwada na saba da ita. Bara kwaɗayi ya ja ni na sayo 'ya'yan fangasiyus, kifin kogin Mekong da ake kiwo a Biyetnam, don an ce yana saurin girma.

Cikin Agusta aka kwana ana tafka ruwa. Da asuba na tarar gefen kududdufi ɗaya ya zabge, ruwa na kwarara rafi da kifi a ciki. Ni kuɗina kawai nake lissafi. Sarkin ruwan ƙauyen, sa'an mahaifina, ya iso ya ce, "Ɗana, wane irin kifi ne ya fita?" Da ya ji sunan da bai taɓa ji ba, sai ya aika a kira samari da taru. Muka datse rafin wuri biyu, kwana uku muna ja. Mun kamo da yawa, amma ba zan rantse duka ne ba.

Malamin gona ne ya sa na gane damuwar dattijon, da labarin giwan ruwa. Kifin nan namu na Argungu da Tafkin Chadi, irinsa aka zuba a Tafkin Biktoriya da ke Gabashin Afirka a shekarun 1950. Ya yi lamo kusan shekara talatin, sannan a shekarun 1980 ya mamaye tafkin, ya yi ta cin ƙananan kifayen da ba su san shi ba, har nau'i kusan 200 suka ɓace. Dodonsu ɗan gida ne a wurinmu!

Na ƙara wa ganuwar kududdufin tsawo, na ɗaura raga biyu masu ƙananan ido a bakin bututun fitar ruwa, ruwan kuma yanzu lambu yake shiga, ba rafi ba. Abin da ya fi ba ni kunya shi ne tsohuwar ɗabi'ata: ragowar 'ya'yan kifi marasa ƙwari nakan juye su rafi, wai tausayi. Yanzu kaji ke cinye su.

Na sayar da sauran fangasiyus ɗin na koma tarwadata. Har yau in masunta sun fito, sai na leƙa kwandonsu kafin mu gama gaisawa.