Dodon koɗi da silifa: wautar da na tafka a Bolonya

Ƙannena masu aiki ta intanet, waɗanda ke mafarkin rataya jakar kwamfuta su nufi Italiya, ku matso ku ji wautar yayanku. Wata uku na yi a Bolonya ina aikin fassara daga nesa. Kafin in tashi na haddace gaisuwa da sunayen abinci tsaf, amma kalmomin sana'ata ko ɗaya ban leƙa ba. Cewa na yi ai kwamfuta Turanci take ji. Ina da 'yar gaskiya, don Italiyawa ma computer suke cewa, su ce mouse, su ce password, aiki daga gida kuma su kira shi smart working. Sai dai waɗannan ba su ne za su tsayar maka da aiki ba. Ƙananan abubuwan da za ka nema ido rufe, duk da Italiyanci ake kiransu.

Tun daren farko na gane kurena. Kan cajarmu na Najeriya, mai ƙafa uku masu faɗi irin na Ingila, ba ya shiga bangon Italiya. Soket ɗinsu ramuka uku ne a jere, akwai ƙarami na amfiya 10 da babba na 16, ga kuma wani zagayayye mai zurfi irin na Jamus da suke kira schuko. Da safe na shiga shago ina ta kwatance da hannu kamar bebe, batir saura kashi 9. Da na san kalma huɗu da ban wahala ba: presa shi ne soket, spina kan waya mai shiga cikinsa, adattatore abin da ke haɗa su, caricabatterie kuma caja. Mai shagon ya tambaye ni ko ina son ciabatta. Na san kalmar a matsayin burodi, sai na yi masa godiya na ce na karya. Dariya har da riƙe ciki. Ashe asalin ma'anarta silifa, kuma haka suke kiran doguwar wayar nan mai soket da yawa, don ta yi kama da takalmin shiga wanka.

Layin waya bai ba ni wuya sosai ba. Ka je da fasfo, kuma sau da yawa za a nemi codice fiscale, lambar haraji mai haruffa da alƙaluma 16. Sa kati ricarica ne, ana yi a shagon taba mai babban harafin T a ƙofa. In ba sabis, cewa ake non c'è campo.

Inda na fi shan kunya shi ne shagon buga takardu, copisteria. Matar ta ce in faɗa mata adireshin imel ɗina ta turo mini takardar da ta ɗauka hoto. Na kai kan alamar @, na faɗe ta da Turanci sau uku, ta zuba mini ido. Sai wani ɗalibi a bayana ya ce chiocciola. Kiyoccola ake furtawa, wato dodon koɗi, saboda naɗewar alamar. Ɗigo punto ne, karan tsakiya trattino, na ƙasa trattino basso. Matsalar ba ta ƙare nan ba. Haruffan Italiyanci na asali 21 ne, babu J, K, W, X da Y, mu kuwa sunayenmu cike suke da su. Sai ka san K kappa ce, W doppia vu, Y ipsilon, J i lunga, H kuma acca. Sauran da sunan gari suke bambance su: A kamar Ancona, B kamar Bologna, D kamar Domodossola, M kamar Milano. Ka zauna tun a gida ka rubuta adireshinka haka, ka maimaita har ya zauna a baki. Ni minti goma na tsayar da layi, mutane na ta tsaki da harshensu. Da na ce bari in buga da kaina, sai na rasa dodon koɗin a kan madannansu, tastiera. Yana ɓoye ne a kan harafin ò, sai ka haɗa da maɓallin Alt Gr.

Ku kula da tagwayen nan, caricare da scaricare. Na farko sa caji ne, shi ne kuma ɗora fayil a intanet. Na biyu sauke fayil ne, amma in aka ce batteria scarica to batir ya mutu. Camera kuma ɗaki ce. Ranar da na faɗa wa uwar gidan da nake haya cewa camera tawa ta lalace, da sauri ta hau bene duba rufi.

Ita ce dai ta cece ni a babbar wautata. Wata ranar sanyi na kunna injin wanki da hita da butar lantarki, ina tsakiyar taro ta bidiyo, sai ɗif, wuta ta ɗauke. Ɗan Najeriya ne ni, na gyara zama ina jira a dawo da ita. Awa biyu cur. Taro ya wuce, na aika saƙon ban haƙuri ina cewa an ɗauke wuta a unguwa, alhali fitilun maƙwabta na ta haske. Da ta dawo daga kasuwa ta same ni a duhu, sai ta ce è saltato il contatore, mita ta yi tsalle. Yawancin gidajen Italiya kilowat 3 ake ba su, ka zarce mita ta yanke da kanta. Ta riƙe tocila, tsohuwa mai jan ƙafa, ta kai ni ƙasan bene inda mitocin ke jere, ta nuna mini tawa, ta ce in ɗaga maɓallin da hannuna don in tuna. Na ɗaga, wuta ta dawo. Muna hawowa ta tsaya ta numfasa, ta ɗaga yatsu biyu: injin wanki ko hita, Signore, ka zaɓi ɗaya.