Ɗalibaina sun zo ne su zama ni

Shekaru na yi ina fitowa a wani shirin talabijin mai dogon zango, a matsayin uba mai faɗa, mai ɗaga gira da buga sanda a ƙasa. Da shirin ya ƙare, kiran daraktoci ya ja baya, sai wata makarantar koyar da wasan kwaikwayo ta neme ni. Na amsa da murna. Abin da ba su gaya mini ba shi ne hotona za su manna a takardar talla, cikin kayan wancan uban, da sandar da komai. Har yau in na tuna raina yana ɓaci.

Ajin kuwa ya cika da masu son zama ni. Kai, ba ni ba ma, wancan mutumin na cikin akwatin talabijin. Ka ba yaro rawar saurayi mai jin kunya, sai ya ɗaga gira ya yi gyaran murya irin tawa. Wata yarinya na ba ta rawar uwar da aka kawo wa labarin rasuwar ɗanta. Ta zuba wa leɓen abokin wasanta ido tana jiran ya gama, yana rufe baki ta saki kuka kamar an kunna famfo. Kukan ya yi kyau, amma labarin ko kunnenta bai shiga ba.

Ban ga laifinsu ba, gamammen aiki suka saba gani. Ba su san a lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, ba a ɗaukar labari a jere ba, ana iya ɗaukar mutuwar mutum da safe, ƙuruciyarsa da yamma. Ka tsaya kan alamar tef da aka manna a ƙasa, ka kalli gefen kyamara, wani lokaci abokin wasanka ma ya tafi, wani ne ke karanta maka layinsa, kuma dole ka ji maganar kamar yau ka fara jin ta. Edita ya zaɓi mafi kyau ya haɗa. Su girar kawai suke gani, sauraron da ya ɗaga ta bai fito a talla ba.

Abin da ya cece ni atisayen Sanford Meisner ne, malamin wasan kwaikwayo da ya fara koyarwa a makarantar Neighborhood Playhouse da ke New York a 1935, bayan ya ɗebi ilimi daga tsarin koyar da wasa na Stanislavski, mutumin Rasha. Mutum biyu su zauna fuska da fuska. Ɗaya ya faɗi abin da ya gani: "Kana murmushi." Ɗayan ya mayar: "Ina murmushi." Su yi ta yi, ba rubutu, ba labari, har maganar ta sauya da kanta saboda abin da ke faruwa tsakaninsu. Da farko sun tsane shi. Wani ya ce, "Malam, mu fa wasa muka zo koya." Wasu suka daina zuwa, makarantar ta fara yi mini ƙorafi, ita da ta sayar musu da sanda tun farko.

Waɗanda suka jure sun faranta mini rai. Yarinyar nan, ranar da muka koma kan wancan wasan na labarin rasuwa, ba ta yi kuka ba sam. Ta dai ce, "Wane?" a hankali, duk da ta ji sunan sarai. Ajin ya yi tsit. Ban taɓa jin alfahari irin na ranar ba, ko a gaban kyamara.

In wata makaranta ta neme ka saboda an san fuskarka, ka ga takardar tallarsu kafin ka sa hannu, kuma a rubuta cewa sai da izininka. A aji kada ka tashi ka nuna yadda ake faɗin layi, ko sun roƙe ka, domin muryarka za su ɗauka. Kyamara kuma ka jinkirta ta. Idan lokacinta ya yi, wayar hannu ta isa: ɗauki mutum biyu, kashe sautin, ku kalla tare, kowa ya sa ido kan wanda ba shi ke magana ba.