Daren da na ji muryar He Hui a Verona

Bayan la'asar muka shiga jirgin ƙasa daga Brescia, ni da wani yayana ɗan Zangon Kumasi da muke aiki a masana'anta ɗaya. Tafiyar ba ta kai awa guda ba muka sauka a tashar Porta Nuova ta Verona. Shi ya sayo tikitin tun watanni biyu baya, ya ce mini, "Ƙanena, shekara nawa kana Italiya ba ka taɓa ganin opera ba? Bana sai ka je." Opera dai wasan kwaikwayo ne da ake rera shi da waƙa tun daga farko har ƙarshe.

Daga tasha muka taka da ƙafa har dandalin Bra, sai ga Arena a gabanmu: makeken gini na dutse da Rumawa suka gina tun ƙarni na ɗaya, ba rufi, sai sararin sama. Tun 1913 ake wasan opera a cikinsa duk bazara, kuma da Aida aka fara, wato opera ɗin da Verdi, shahararren mai tsara kiɗa ɗan Italiya, ya tsara, don cikarsa shekara 100 da haihuwa. Ita muka zo gani. Tikitinmu na masu ƙaramin ƙarfi ne, can sama kan matakalar dutse da ta wuni tana shan rana. Muka karɓi hayar matashin zama, duhu na shigowa jama'a suka kunna 'yan kyandirori, wurin ya koma kamar an zazzago taurari.

Abin da ya fi ja mini hankali shi ne wadda za ta fito a matsayin Aida. He Hui 'yar ƙasar Sin ce, an haife ta a 1972 a lardin Shaanxi, a birnin Xi'an ta yi karatun waƙa. Irin muryarta ake kira sofurano, wato mafi tashi sama a muryoyin mata. A 2000 ta zo ta biyu a gasar Operalia ta shahararren mawaƙin opera Plácido Domingo a Los Angeles ta Amurka. A 2002 ta cinye gasar muryoyin Verdi a Busseto, yankin da Verdi ya tashi, kuma a shekarar ta rera wasan opera na Tosca a Parma, garin da 'yan kallonsa suka yi suna wajen rashin raga wa mawaƙi. Daga nan ƙofofin manyan gidajen opera suka yi ta buɗewa: La Scala ta Milan a 2006, Metropolitan ta New York a 2010. Arena kuwa daga 2005 ta yi ta dawowa shekara bayan shekara.

Duk wanda ya zauna a ƙasar wasu ya san nauyin wannan. Harshen da har yau nake tuntuɓe a cikinsa idan na je ofis, shi ta koya har ta tsaya gaban masu shi tana rera musu abin da kakanninsu suka haddace.

Labarin Aida kansa na Afirka ne, a Alƙahira ma aka fara nuna shi a 1871. Aida 'yar sarkin Habasha ce da aka kama baiwa a Masar, ta kamu da son Radamès, sarkin yaƙin da aka tura ya yaƙi mahaifinta. Akwai fitowar nasara da dogayen kakaki da ɗaruruwan mutane a dandali, ta burge ni, amma ba ita ta zauna mini a rai ba.

A kashi na uku ne. Dandali ya yi duhu, Aida ita kaɗai a bakin kogin Nilu tana kukan ƙasarta da ba za ta ƙara gani ba. He Hui ta sassauta murya har ta koma siririya kamar zare, amma zaren nan ya ratso filin gaba ɗaya ya iske mu can sama, kowane harafi a fili. Dubban mutane, ko tari babu. Na fahimci abin da ake nufi da horon numfashi: ƙarfin murya kowa na iya ji, riƙe ta a hankali ba ta karye ba shi ne gwanintar. Na tuna gidanmu, na tuna tsohuwata da rabona da ita shekara huɗu. Na waiga, sai na ga Yaya ya sunkuyar da kai.

Ba a tashi ba sai bayan sha biyun dare, jirgin Brescia ya daɗe da tafiya. Muka gangara bakin kogin Adige muka zauna jiran na asuba. Can Yaya ya ce, "Kana jin ita ma garinsu take tunawa?" Na ce, "Wallahi Yaya, haka na ji a muryarta." Ya ciro waya ya duba agogo, ya ce a Kumasi ba su yi nisa da barci ba, bari ya gwada kiran gida.