Kwana huɗu a kan kowane littafi: wasiƙa daga Sao Paulo

Assalamu alaikum 'yan'uwa na gida. Ina gaishe ku daga birnin Sao Paulo na ƙasar Burazil, da fatan kowa da iyalinsa suna lafiya.

Wata maƙwabciyata ce ta sa na ɗauki alƙalami. Dattijuwa ce mai aikin wanki da guga, ɗanta yana ɗaure. Duk ranar ziyara takan haɗa masa sabulu da man goge baki da biskit a jakar leda da ake ganin cikinta, wadda a nan suke kira jumbo, ta fita tun kafin asuba ta bi layi a ƙofar gidan yari. Ran nan ta tare ni a matakala, ta ciro wata takarda da ta naɗe a cikin ɗankwali. Layi shida ne kacal, haruffan sun karkace kamar na ɗan aji biyu. Yaron ya shiga kurkuku ko sunan unguwar da ke jikin motar haya ba ya iya karantawa, yau ga shi ya rubuto wa uwarsa da hannunsa. Sau biyu ta karanta mini, hannunta na rawa.

Ga yadda abin yake. Tun 2011 dokar ƙasar nan ta ce duk fursunan da ya yi awa 12 yana ɗaukar darasi, a rage masa kwana ɗaya daga wa'adinsa, kamar yadda ake rage kwana ɗaya ga wanda ya yi aikin kwana uku. Idan ya kammala firamare ko sakandare ko jami'a yana ciki, a ƙara masa kashi ɗaya cikin uku na kwanakin da ya tara. A 2012 aka shigo da karatun littafi a gidajen yarin tarayya: a ba ka littafi, ka karanta cikin kwana 21 zuwa 30, ka rubuta abin da ka fahimta, kwamiti ya duba, alƙali ya rage maka kwana 4. Littafi 12 ake ƙirgawa a shekara, kwana 48 ke nan. Abin da ya fi taɓa zuciyata shi ne gyaran da majalisar kula da harkokin shari'a ta ƙasa ta yi a 2021, da ta ce wanda bai iya karatu ba tukuna kada a bar shi a baya. Abokin zamansa ya karanta masa, ko ya saurari littafin da aka naɗa, sannan ya ba da bayani da baki, ko ma da zane.

Kada ku ɗauka aljanna nake kwatanta muku. Gidajen yarin Burazil cike suke maƙil, ƙungiyoyin 'yan daba ne ke juya da yawa daga cikinsu. A nan Sao Paulo aka kashe fursunoni 111 a kurkukun Carandiru a 1992, kuma a 2015 kotun ƙolinsu da kanta ta ce halin da ake tsare mutane ya saɓa wa tsarin mulki. Amma a cikin wannan ƙuncin an ba ɗaurarre hanyar da zai matso da ranar fitarsa da guminsa, kuma hanyar ta bi ta kan littafi.

Da ta gama karanta mini, sai na tuna da ɗan baffana. An kama shi a wani samame, aka miƙo masa takarda da Turanci, ya dangwala yatsa bai san me ke ciki ba. Ya fi shekara biyu a zaman wakafi kafin a sallame shi ba tare da an same shi da laifi ba. Ya haddace izu talatin, yana rubuta wasiƙa da ajami, amma a takardunsu jahili ne. A duk tsawon zaman nan ba wanda ya miƙa masa allo ko alli. Ya fito ba sana'a, ba boko, sai ƙaiƙayi a jiki da kunyar haɗa ido da jama'a.

Na san a 2019 an sauya wa gidajen yarinmu suna zuwa gidajen gyaran hali. Na kuma san jami'ar karatu daga gida ta ƙasa, wato NOUN, tana da cibiyoyin karatu a wurare irin su Kuje da Kirikiri, kuma kyauta take koyar da fursunoni. Madalla. To amma jami'a ta wanda ya gama sakandare ce. Yaron da aka kwaso daga tasha ko bakin kasuwa, baƙi da wasali yake bukata. Ga shi kusan kashi biyu cikin uku na mutanen da ke tsare a Najeriya jiran shari'a suke yi, rangwamen ladabi da ake yi wa wanda aka yanke wa hukunci bai shafe su ba. A nan kuwa doka ta ce mai zaman wakafi ma a ƙirga masa karatunsa, idan an ɗaure shi a cire masa.

Tun gyaran tsarin mulki na 2023 jihohi sun samu damar kafa nasu gidajen gyaran halin. Don haka roƙona ga 'yan majalisun jihohinmu da malamanmu: a sa karatu cikin abin da ke rage wa'adi, kuma a ƙirga ajami da Larabci a matsayin karatu, domin karatu ne. Ko a nan Burazil, lokacin boren bayi Musulmi na birnin Salvador a 1835, wanda har da Hausawa a cikinsa, takardun Larabci da aka samu a jikinsu sun tayar wa hukuma hankali ƙwarai. Kano ta kafa hukumar ilimin manya tun 1980 a zamanin Abubakar Rimi. Me zai hana malamanta su riƙa shiga gidajen yarin Kurmawa da Goron Dutse da safe, da littattafan Hausa da ke jibge a kasuwa, a fara da mai allo yana koya wa mai boko, mai boko yana koya wa mai allo?

Ɗan maƙwabciyata ya gama littafi uku zuwa yanzu. Ta nuna mini kalandar da ke rataye a kicin ɗinta, inda ta ja wa ranar fitarsa da'ira, ta soke, ta dawo da ita baya da kwana 12.

Wassalam, naku a Sao Paulo.