Asabar a Rumsiki

Bayan sallar asuba muka bar Marwa, ni da Kawu, muka nufi Rumsiki inda yake da abokin ciniki. Har Mokolo tafiya ba laifi, amma daga nan sai turɓaya da tsakuwa, mota tana rarrafe muna haɗiyar ƙura.

Duwatsun Mandara sun miƙe ne a kan iyakar Kamaru da Najeriya, kuma na sha hango su daga nesa, sai dai abin da ke Rumsiki daban ne. Duwatsu ne sirara, a tsaye cak cikin kwari kamar an kafa taɓare, mafi shahara cikinsu tsayinsa mita 1,224 daga saman teku. Asalinsu narkakken dutse ne da ya daskare a maƙogwaron tsaunuka masu aman wuta, sannan ruwa da iska suka cinye jikin tsaunukan a hankali, suka bar abin da ya fi tauri. Da na taɓa gindin ɗaya, na tarar duk ya tsattsage daga sama zuwa ƙasa, ƙadangaru suna shiga suna fita.

Na gaya wa Kawu cewa jerin tsaunuka masu aman wuta ɗaya ne ya taso tun daga tsibiran da ke cikin Tekun Atlantika, ya bi ta tsibirin Biyoko da Dutsen Kamaru da ke kusa da Buya, wanda ya haura mita 4,000 kuma ya yi aman wuta a 1999 da 2000, ya ratsa Oku da tudun Adamawa, ya iso nan. A jerin ne tafkin Niyos yake, wanda iskar gas da ta ɓarke daga cikinsa ta hallaka mutane kusan 1,700 a daren 21 ga Agusta 1986. Namu na arewa sun daɗe da mutuwa, shi ya sa muke ɗaukar aman wuta labarin kudu.

Kawu ya ce, "Ɗana, bar kallon sama, dubi ƙasa." Ya nuna mini gangaren da Kapsiki, mutanen yankin, suka jera wa duwatsu hawa-hawa domin ruwan damina kada ya kwashe ƙasa, kowane hawa da kututturen dawar bara. Ya ce tsoron mahaya masu kamen bayi ne ya tura mutane da yawa kan waɗannan tsaunuka, inda doki ba ya iya hawa. A ganina wannan aikin hannu ya fi duwatsun ban mamaki, ko da yake baƙi ba shi suke ɗaukar hoto ba.

Ciniki bai faɗa ba sai bayan la'asar, don haka a Mokolo za mu kwana. Sanyin nan ya fi na Marwa nesa ba kusa ba, har na nemi aron bargo wurin mai masauki.