Daga Apapa Zuwa Dilimi: Abin da Cinikin Janareta Ya Koya Mini

Ba a Jos ake yanka farashin janareta ba. Mu masu shago a nan ƙarshen layi muke. Kafin inji ya iso Dilimi ya bi ta hannun mutane da dama, kowa ya ɗora nasa, dala kuma tana zaune a kan kowa. Mai saye ba ya ganin waɗannan hannuwa, ni yake gani, shi ya sa ni yake yi wa tsaki. Ba na jin haushi, domin da ni ne a matsayinsa haka zan yi.

A hannun kawuna na koyi wannan sana'a. Yana cikin waɗanda gobarar babbar kasuwar Terminus ta watan Fabrairun 2002 ta tasa, ya tattara abin da ya rage ya kama shago a wajen Dilimi, ya sa ni yaron shago. Aikina a lokacin shi ne kwance kwali, zuba baƙin mai, ja igiya, a kunna inji a gaban mai saye. Zamanin NEPA ne. A 2005 aka mai da ita PHCN, a watan Nuwamban 2013 aka fara miƙa rarraba wuta ga kamfanoni 11, mu da Bauchi da Gombe da Binuwai muka faɗa ƙarƙashin kamfanin rarraba wuta na Jos, wato JED. Duk wannan sauyi bai taɓa cinikinmu ba, saboda tushen kasuwar yana nan inda yake: ƙasa mai mutum sama da miliyan 200 tana raba wutar da yawanci ba ta wuce megawat 4,000 zuwa 5,000. Mutanen da na lura ba su cika zuwa wurinmu ba su ne waɗanda ke kan layin NESCO a wajen Bukuru da Barikin Ladi, tsohon kamfanin nan da tun 1929 yake samar da wuta daga ruwan Kurra domin ma'adinan kuza. Idan mutumin can ya sayi inji, sai ka ji ya ce don ko-ta-kwana ne.

Mafi yawan ƙananan injuna masu shan fetur daga ƙasar Sin suke zuwa, ko da sunan da ke jikinsu ya yi kama da na Japan ko Jamus. Kwantena tana sauka a tashar Apapa ko Tin Can a Legas. Mai shigo da kaya sai ya yi takardun banki, ya samo shaidar inganci ta SONCAP, ya biya kuɗin fito na kwastam, wanda ake lissafa shi da farashin dala na ranar. Daga nan kaya su wuce rumbunan manyan dillalai a kasuwar Alaba da ke Ojo, wasu su nufi Onitsha, wasu Sabon Garin Kano. Namu na Jos kan bi ta Lokoja da Abuja, su ratsa Keffi da Akwanga, su hau Hawan Kibo. Mota mai dakon su man dizal take sha, don haka ranar da dizal ya tashi, kamar yadda ya yi a 2022 bayan yaƙin Rasha da Yukren ya ɓarke, kuɗin dako ma tashi yake yi. Da can sai mutum ya ɗaura kuɗi a ƙugu ya hau motar dare zuwa Legas. Yanzu hoto ake turo maka ta WhatsApp, ka tura kuɗi ta banki, a sa maka kaya a mota. Sauƙi ya samu, amma sai da wanda ka daɗe da sani, don hoto ba ya nuna abin da ke cikin inji.

Kawu yana da wata magana da yake maimaita mini har na gaji da jinta: "Kai yaro, kada ka sayar da kaya a kan kuɗin da ka saya. Ka sayar a kan kuɗin da za ka sake saye." Sai a 2023 na ga yadda maganar ke raba masu shago gida biyu. A watan Yunin shekarar Babban Bankin Najeriya ya saki naira, dalar gwamnati ta tashi daga wajen naira 460 ta haura 700 cikin 'yan kwanaki, zuwa Fabrairun 2024 ta wuce 1,500. Wasu suna cewa ai dama 'yan kasuwa a wurin 'yan canji suke sayen dala, me ya shafe su da farashin banki? Sun manta da kwastam. Kuɗin fito da farashin gwamnati ake auna shi, kuma a farkon 2024 an yi ta sauya wannan ma'auni, wani lokaci fiye da sau ɗaya a mako. Dillali a Legas zai ba ka farashi da safe, ya ce idan kuɗi ba su shigo kafin la'asar ba, magana ta tashi.

A wannan lokaci na ga maƙwabta da suka yi murna kaya suna fita, suka sayar da komai a tsohon farashi da ribarsu daidai gwargwado. Da suka kira Legas, uwar kuɗi da riba gaba ɗaya ba su iya mayar da adadin da suka sayar ba. Ba wanda ya cuce su, ba wanda ya gudu da bashinsu, amma shago ya rame. Ni kuwa na riƙe ƙa'idar Kawu: kafin in sallama babban inji sai na ɗaga waya na ji yadda aka wayi gari a Alaba. Wani Alhaji da muka daɗe muna ciniki ya taɓa ce mini, "Malam, ai wannan injin tun watan jiya nake ganinsa a nan, dala ta same shi a kan kanta ne?" Na ce, "Ranka ya daɗe, shi kam ba ta same shi ba, amma wanda zai maye gurbinsa ta same shi." Ya yi dariya, ya taya, na ce albarka, muka daidaita a tsakiya. Sai dai wannan ƙa'ida tana da ɗaya fuskar da 'yan kasuwa ba sa son ji. Idan dala ta sauka, dole kai ma ka sauka ko da ka sayi kayanka da tsada, in ba haka ba na kusa da kai da ya sari sabon kaya zai kwashe maka mutane.

Cire tallafin mai ya fi dala sauya halin masu saye. Ranar 29 ga Mayun 2023 Shugaba Tinubu ya ce tallafi ya tafi, litar fetur ta tashi daga ƙasa da naira 200 ta haura 500, a watan Oktoban 2024 ta wuce 1,000. Kafin nan tambayar farko ita ce "nawa ne?" Yanzu mutum bai ma zauna ba zai ce, "lita nawa yake sha?" Kuma shi ya fi gaskiya. Inji mai rubutun 2.5 kVA, wato ma'aunin ƙarfinsa, idan an ɗora masa kaya matsakaici yana shan kusan lita guda a awa. Idan ka raba kuɗin litar a kan wutar da ya bayar, kowane yunit yana kama maka sama da naira 600 a lokacin da lita take dubu, ban da baƙin mai da gyara. A watan Afrilun 2024 da hukumar kula da harkar lantarki ta NERC ta mai da yunit na 'yan rukunin A, waɗanda suka fi samun wuta, naira 225, ƙasar nan ta ɗauki kuka, alhali mai aski a Gangare ya daɗe yana biyan ninkin wannan ba tare da ya taɓa zama ya lissafa ba. Wanda ke kunna inji awa biyar kullum, cikin 'yan watanni kuɗin man da ya ƙona sun wuce kuɗin injin.

Wurin da na fi daɗewa da mai saye shi ne maganar ƙarfi. Lambar da aka rubuta da manyan haruffa a jikin tanki, sau da yawa ita ce iyakar abin da inji zai iya na ɗan lokaci, ba abin da zai ɗauka yini guda ba. Ainihin ƙarfin yana kan ƙaramin allon da ke gefe, inda ba kowa ke dubawa ba. Sannan kVA ba kilowat ba ce. A lissafin da aka saba, 2.5 kVA kilowat 2 ce. Akwai kuma abin da ya shafe mu mu kaɗai a saman dutse. Jos tana sama da mita 1,200 daga teku, iskarmu ba ta da kauri, injin fetur kuwa yana rasa kusan kashi 3 cikin 100 na ƙarfinsa a kowace mita 300. Wato injin da aka gwada a Legas, idan ya hau Filato ya riga ya bar fiye da kashi 10 cikin 100 a hanya. Ga firiza da famfon burtsatse, waɗanda a lokacin tashi suke jan ninki uku na abin da suke ci ko fiye. Shi ya sa idan Hajiya ta zo ta ce firiza biyu take da su tana sayar da ƙanƙara da zoɓo, ba na barinta ta ɗauki wanda ta nuna da yatsa don ya fi araha. Nakan ce, "Hajiya, ki ƙara haƙuri wata guda ki cika kuɗin, wannan zai ƙone miki kwayil kafin Sallah." Wata ta ji, wata ta tafi shagon gaba. Araha dai ba ta ado.

Kwayil ɗin ma, wato wayar da aka nannaɗe a cikin inji mai samar da wuta, magana ce. Akwai na jan ƙarfe zalla, akwai na alminiyom, akwai kuma alminiyom da aka yi wa rufin jan ƙarfe, ido ba ya rabe shi. Injuna biyu masu lamba ɗaya, ka ɗaga wannan ka ɗaga wancan, mai nauyin shi ne yawanci mai jan ƙarfe. Na alminiyom ba haramun ba ne, yana aiki, amma ba ya jure zafi da lodi, kuma bai kamata a sayar da shi a farashin ɗan'uwansa ba. Wasu masu shigo da kaya sukan sa a buga musu lambar da ta fi ƙarfin injin, ko suna mai kama da sanannen suna da harafi ɗaya a sauye. Ba na ajiye irin waɗannan, ba don na fi kowa tsoron Allah ba, sai don Jos ƙaramin gari ne. Wanda ka sayar wa yau, da shi za ku tsaya sahu ɗaya ranar Juma'a.

Ƙaramin nan na Tiger da ire-irensa, wanda ake gauraya masa fetur da baƙin mai, shi ne ya riƙe masu cajin waya da masu shayi shekara da shekaru. A ƙarshen 2015 hukumar kwastam ta sanar da hana shigo da shi da yawa saboda hayaƙinsa, amma bai ɓace daga kasuwa ba, tsada kawai ya ƙara. A 2020 kuma Sanata Bima Enagi na Neja ta Kudu ya kai ƙudurin hana shigo da janareta da ɗaurin shekara 10, aka yi ta surutu, maganar ta mutu. Manyan injunan dizal masu rufin kashe ƙara, irin masu injin Perkins da Cummins, kasuwarsu tana Abuja da Legas, wurin otal-otal da rukunin gidaje da asibitoci. A Jos sanyi ya rage mana masu neman na'urar sanyaya ɗaki, don haka manyan masu sayenmu su ne masu gonar kaji da masu ƙyanƙyasa. Idan irin wannan ciniki ya zo, haɗa mutum nake yi da wakilin kamfani in karɓi la'adata, jarina bai kai can ba.

Abin da ke ciyar da shago kullum ba sabon inji ba ne. Fulogi ne, kabureta, igiyar ja, ringi da fistin, da na'urar daidaita wuta. Na ga haka ƙarara a ƙarshen Oktoban 2024, lokacin da babban layin wutar Ugwuaji zuwa Apir ya samu matsala alhali na Shiroro zuwa Kaduna yana lalace, Arewa ta kwana cikin duhu fiye da mako guda. Mutane ba su da kuɗin sabo. Tsofaffin injunan da aka jingine tun tashin fetur aka yi ta fitowa da su a baro da Keke Napep, mai ya bushe a kabureta, makanikan da ke gefen shagona ba su samu sararin cin abinci ba. Tun daga nan na ƙara wa kayan gyara jari, na kuma kawo kaburetar da ke ba inji damar aiki da iskar gas ta girki, wadda ta samu karɓuwa bayan cire tallafi.

Ba inji da ke fita daga hannuna sai an kunna shi an ɗora masa kaya a gaban mai shi, kuma sai na faɗa masa abu biyu ko da yana sauri. Ya juye baƙin man farko bayan awa 20 na aiki. Kada kuma ya kunna shi a cikin ɗaki ko lungun da iska ba ta ratsawa. Wannan na biyun ya fi damuna a nan, domin lokacin hunturu mutanen Jos suna toshe kowace kafa, ga tsoron ɓarayi yana sa a jawo inji cikin baranda a rufe ƙofa. Gubar da ke cikin hayaƙin ba ta da wari ko launi, mutum barci kawai yake ji.

Yanzu kusan rabin kantata faifan sola ne da batir da inbata. Ma'aikatan gwamnati da masu shagon magani da masu POS can suka karkata, kuma idan abin da mutum yake so fitila ce da fanka da talabijin, ni da kaina nake ce masa ya tara kuɗin sola. Masu walda, masu injin markaɗe, masu gidan kallon ƙwallo da masu jan ruwa daga burtsatse su ne har yanzu suke tsayawa a gaban janareta suna ƙwanƙwasa tanki, kuma saboda su nake ci gaba da kiran Legas kowace safiya in ji farashi.