Yafiyar da aka yi a bakin gadon ƙanina

Ƙanina tela ne. Da keken ƙafa yake ɗinki saboda wutar unguwarmu ba ta da tabbas, don haka ƙafarsa ta dama ita ce jarinsa. Ita ce kuma mota ta karya a wuri biyu, ana saura mako uku azumi, yana kan mashin ɗinsa a titin Zariya. Direban ya fito daga gidan mai bai duba ba.

Kwana biyu da faruwar abin, dangin direban suka zo asibiti da ledar lemo da ayaba da wata ambulan. Mutanen kirki ne, shi kansa direban bai gudu ba, shi ya kai shi asibiti. Babbansu ya jajanta, ya ce tsautsayi ba ya wuce ranarsa. Kafin ya rufe baki Baffanmu ya karɓe: "Haba Alhaji, ƙaddara ce. Mun yafe duniya da lahira." Aka shafa fatiha. Mai ƙafar yana kwance, allura ba ta gama sakinsa ba, ba wanda ya ce masa kai fa? Ni ma ina tsaye a gefen gado na ja bakina na yi shiru, tunda ba a katse babba. Har yau shirun nan yana ci mini rai.

Abin da ke cikin ambulan bai kai kuɗin aikin farko ba. Aka sa masa ƙarfe, ya yi wata bakwai bai taka keke ba. Ɗinkin ƙaramar Sallah ya wuce shi, na babba ma haka. Da hannuna na riƙa bin gidaje ina mayar wa mutane shaddojinsu, wasu an yanka ba a haɗa ba. Matarsa ta sayar da 'yan kunnen gwal ɗin aurenta.

Sai can daga baya wani maƙwabcinmu lauya ya tambaye ni, "Motar tana da inshora?" Na ce ban sani ba, ban ma yi tunani ba. Ya zaunar da ni ya yi mini bayani. Tun 1945 doka ta wajabta wa duk mai mota a Najeriya ya yi inshorar da za ta biya wanda ya buge. Daga farkon 2023 hukumar kula da harkar inshora ta ƙasa, NAICOM, ta mayar da kuɗinta naira 15,000 a shekara ga motar gida, ana biyan ɓarnar dukiya har naira miliyan 3, rauni da rasa rai kuwa ba a yanke musu wannan iyakar ba. A Fabrairun 2025 'yan sanda suka fara matsa wa direbobi a kanta. Mu dai mun ɗauke ta takardar nuna wa jami'i a shingen bincike, shi ya sa da yawa suke saye a hannun 'yan cuwa-cuwa, ta bogi, alhali ana iya duba sahihancinta da lambar mota a NIID, rumbun bayanan inshora na ƙasa, ta waya.

Na ce to yanzu fa? Ya tambayi rahoton 'yan sanda, da rahoton likita, da rasit-rasit na magani. Maganar an kashe ta a caji ofis tun makon farko. Rasit kuwa ko ɗaya ba mu ajiye ba. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne, idan inshorar ta gaske ce, kamfani ne zai biya, ba direban da muke jin nauyinsa ba.

Ban yarda cewa neman diyya rashin tawakkali ba ne. Aya ta 92 a Suratun Nisa'i ta ɗora diyya a kan kisan kuskure, sai fa idan masu haƙƙin ne suka yi sadaka da ita. Wanda ya karanta Risala a zaure ya san an ƙayyade wa gaɓoɓi nasu: yatsa raƙuma goma, haƙori biyar, ƙafa idan ta tafi rabin diyya. Malamai sun san kuskure ne, amma suka lissafa. Yafiya alheri ce babba, sai dai ta mai ciwo ce, kuma ya kamata a bari ya farfaɗo ya san abin da zai yafe. Baffa bai yi da mugun nufi ba, mutuncin gida yake karewa, kada a ce mun ci kuɗin jini. Amma ba shi ya kwana yana lissafin kuɗin makarantar yara uku ba.

Ƙanina ya koma shago. Ƙafar ba ta jure taka keke fiye da awa guda, sai ya ci bashi ya sa wa keken injin lantarki, yanzu aikinsa yana bin wuta. Watan jiya adaidaita ta buge ɗan wata maƙwabciyarmu. Na riga masu jaje isa asibiti, na ɗauki hoton lambar, na miƙa wa mahaifiyarsa leda na ce, "Inna, duk takardar da aka ba ki, ko ta Panadol ce, a nan za ki sa."